Haƙorin Kwandasta

Ni na fara ɗora hoton. Gara in faɗa tun yanzu kafin wani ya biyo ƙarƙashin rubutun nan ya tuna min. Ni ce, Yumna, da yatsana na zagaye bakin Kwandasta da jan layi na tura zaurenmu na waya. To na faɗa. Amma wannan ba labarina ba ne, na Usta Wagdi ne.

Usta Wagdi haƙoran roba yake haɗawa, Usta kuwa haka muke kiran duk gwanin sana'ar hannu. Shekara talatin da 'yan kai yana wani ɗan ɗaki a saman shagon mai gyaran agogo a unguwar Muharram Bek, nan Iskandariyya, likitoci na aiko masa da shatin bakin mutane, shi kuma yana mayar musu da haƙora a 'yar leda. Yawancin masu bakin bai taɓa ganin fuskarsu ba, amma in ka kira masa sunan wata sai ya ce, "Mai turmin hagu da ya karkace?" Gajere ne, mai sanƙo, kullum da garin filasta a gashin hannunsa kamar wanda ya fito daga gidan burodi.

A zaurenmu na waya mun kusa ɗari uku, masu tara 'yan mutum-mutumin rezin, danƙon nan da ake zubawa a mazubi yana ruwa ya daskare ya koma kamar dutse. Duk yara ne mu, daga 'yan jami'a sai marasa aikin yi irina. Shi kaɗai ne tsoho. Mu muna rubutu kamar an biyo mu, shi kuwa kowane saƙo sai ya buɗe da sallama ya rufe da cikakken sunansa, ko da "na gode" kawai zai ce. Muna yi masa dariya, muna kuma tambayarsa komai. Ni da ban taɓa zama ajin kowa ba, a waya na koyi fenti, shi ya koya min in barbaɗa hodar jarirai a mazubi kafin in zuba, don kada kumfa ta kwanta a kan hanci. Ammu nake ce masa, kamar ƙanin babana.

Abin da ya haɗa mu duka shi ne Fasinjojin Tiram, ɗan jirgin nan da ke bin dogo a tsakiyar gari. Madam Safinaz ke yin su, tsohuwar malamar zane da ke zaune a Anfushi ita da kyanwoyinta. Shekara goma sha ɗaya ke nan, kowace shekara fasinja ɗaya, guda arba'in kacal, tsawon tafin hannu. Akwai Mai Kifi da kwandonta, akwai Ɗaliba mai barci a tsaye, akwai Soja da ya taho hutu da kankana a hammata. Kowanne da lamba a tafin ƙafa, kowace lamba da sunan mai ita a littafin Madam. Kuma dukkansu hannu ɗaya a sama yake, yatsu a dunƙule, suna riƙe da iska. Tun farko ta faɗa, na goma sha biyu shi ne taragon kansa, da benci da tagogi da dogon ƙarfen nan na sama da za su kama. Ba za ta ba kowa ba sai wanda sunansa ya shiga littafin sau goma sha ɗaya. Duk faɗin Iskandariyya mutum tara ne suka cika. Usta Wagdi na ciki, lamba bakwai yake karɓa duk shekara, kuma ya bar fili a tsakiyar kantarsa tun shekarar farko, ko kofi ba a ɗorawa a wurin.

Dokar Madam ɗaya ce: wanda ya zuba silikon, robar nan da ake yin mazubi da ita, a kan aikinta don ya ɗauki shati, ta soke sunansa. Ba ta ce ban da wane ba.

Wata Juma'a da zafi ya fara shigowa, wani ɗan zaure ya je kasuwar Juma'a neman tsohuwar fanka, sai ga Kwandasta a baje a kan buhu, guda shida, tsakanin cajojin waya da takalma wari-wari. Kwandasta shi ne na huɗu a jerin, kuma shi aka fi so: hula a karkace, jakar tikiti a wuya, baki buɗe yana dariya, da giɓi a gaba, haƙori ɗaya babu. Jabu ba baƙon abu ba ne a wurinmu, amma ba a taɓa yi wa Madam ba. Yaron ya turo hoto. Na buɗe hoton da yatsu biyu, na ƙara buɗewa. Na jabun ba shi da giɓi. Haƙori ne a wurin, bai kai rabin ƙwayar shinkafa ba, ya ɗan hau kan na kusa da shi yadda na mutane yake yi. Masu zuba jabu ba sa ƙara komai, ragewa suka iya.

Na rubuta: "Jama'a, ɓarawon namu har gyaran baki yake yi kyauta. Wa muka sani da wannan hannun?" Na jera fuskar dariya uku. Kafin shayina ya huce mutum sittin sun kira sunansa. Wani ya ce dama tsofaffi masu yawan sallama su ne abin tsoro.

Washegari da hantsi na hau benen nan mai warin kakin zuma. Na same shi yana goge haƙoran wani, injin na ta ƙara. Ya kashe, bai ɗago ba.

"Kin zo ƙarin hoto ne, 'yar jarida?"

"Ammu, ka ce min ba kai ba ne. Wallahi yanzu in goge, in zagi duk wanda ya kira sunanka har kakansa."

"Zauna. Ture wannan bakin gefe, na wani lauya ne, ba ya cizo sai an biya shi."

Ban yi dariya ba. Shi ma bai yi ba. Ya jawo aljihun tebur na ƙasa, ya warware wani tsohon hankici. Kwandasta ne, da fenti mai kyau, da haƙorinsa cif.

"Babana kwandasta ne," ya ce. "Shekara ashirin da shida a tiram, layin Ras at-Tin. Direba ya taka birki, ƙarfe ya cire masa na gaba, nan daidai. Na shiga koyon aikin nan ina cewa haƙorin farko da zan yi nasa ne. Ya rasu saura wata huɗu maigidana ya yarda in taɓa bakin mutum." Ya juya abin a hannunsa. "Da Madam ta fito da wannan, shekara guda ina kallonsa yana min dariya da giɓi. Rannan na ɗauki kaki na ɗosa masa haƙori, na zuba silikon, na zuba guda ɗaya. Na cire kakin, na wanke nata da sabulu, na mayar da shi kan kantata. Guda ɗaya, Yumna. Ko matata Afaf ban nuna wa ba."

"To mazubin fa? Ai yanka shi ake yi! Kai ka koya min, gunduwa-gunduwa, a zubar a bola biyu daban!"

Ya nuna min bango. Daga ƙasa har rufi bakuna ne na filasta, ɗaruruwa, kowanne da suna da fensir.

"Kin taɓa gani na yar da bakin mutum? Akwai na waɗanda suka mutu tun kina goye. Mu ajiyewa muke yi, ko mai bakin zai dawo. Na ɗauki wuƙar, hannuna ya ƙi."

A gwangwanin biskit ya sa shi, ya tura bayan tarkace a barandar gida. Shekara shida yana nan. Kafin azumi Tanti Afaf, matarsa, ta share baranda, ta kira ɗan jari-bola ya kwashe komai, ya ba ta robar wanki biyu. Har ta yi masa albishir da ya dawo.

Na ce ya rubuta a zaure yanzu, ni zan tsaya masa. Ya girgiza kai, ya miƙo min wayarsa. Madam, wadda sau biyu take magana a shekara, ta rubuta da safen nan: tarago ya kammala, ƙarshen watan gobe za ta raba, kuma wanda ya san abin da ya yi ya san hanyar gidanta.

"Ba zan je mata hannu biyu ba," ya ce. "In na kwashe su duka daga kasuwa, na kai mata har da mazubin, za ta ga ba don in cuce ta na yi ba. Sati shida ne. Zai isa."

Juma'ar farko tare muka je. Ya saye shidan nan bai ko taya ba. Juma'a ta biyu muka tarar da goma sha biyar, kuɗin ya ninka. Na ja hannun rigarsa.

"Ammu, kai kaɗai ne kasuwarsu fa! Kana saye suna zubawa!"

"Mazubin silikon ba ya wuce zubi talatin, in ya yi tsawon rai arba'in. Rezin cinye shi yake. Ni na yi shi, na san shi. Saura kaɗan ya mutu."

Ya saye su.

Daga nan kuma abin ya bar kasuwar Juma'a. Wani ya gan su a Bakus, wani a wajen tashar jirgi, wani a Agami a shagon masu sayar da tabarau da robar iyo. 'Yan zaure suka mayar da shi wasa, su turo hoto su ce, "Usta, ga 'ya'yanka." Shi kuwa sai ya rufe ɗakin aiki ya hau bas. Likitoci biyu suka daina aiko masa. Wani dattijo da zai aurar da 'yarsa ya zo har sau uku neman haƙoransa yana tarar da kwaɗo a ƙofa, mai agogo ya ce a na ukun mutumin da hannu a baki ya yi ta zagi. Tanti Afaf ta kira ni da azahar tana huci.

"Ke 'yar nan, ku zo ku kwashe gumakanku. Ƙarƙashin gado su ne, saman firji su ne, ko banɗaki na shiga dariya suke min. Mutumin nan ya daina cin abinci, jiya na ajiye masa wake da burodi, sai na tarar ya jera su a kan burodin."

Sannan ta ce a hankali, "Robar wanki biyu fa, Yumna. Da ya faɗa min."

A sati na huɗu shi ya kira ni da kansa. Na tarar ya ture bakunan mutane gefe, ya jera Kwandastoci a teburin aiki sahu uku, da ƙaramin ma'aunin nan na ƙarfe mai baki a hannunsa.

"Auna wannan. To auna wancan."

Na biyun ya gaza na farko da kamar kaurin farce. Na ukun ya gaza na biyu. Duk mai zubi ya san wannan: in ka ɗauki shati daga jabu, abin da zai fito sai ya ɗan tsuke. Ba daga mazubinsa suke zubawa ba kuma. Daga 'ya'yan suke ɗauka.

"Wannan ɗa," ya ce yana nuna sahun farko. "Wannan jika. Wannan tattaɓa-kunne."

A sahu na uku idanun sun shafe, jakar tikiti ta manne da ciki, hular ta koma kamar ƙullin ƙullu. Haƙorin kaɗai ke nan daram, don shi ya yi shi da kyau.

Juma'ar da ta biyo ya je wurin mai buhun, wani saurayi da ke ɓare gyaɗa yana watsa ɓawon a kan kayansa. Usta Wagdi, mutumin da a shekaru ya haife shi har ya yi jika da shi, ya durƙusa a gabansa a cikin ƙura.

"Ɗana, don girman Allah, mazubin farko. Na cikin gwangwanin biskit. Kome ka ce."

Saurayin ya daina tauna. "Kai! Usta, kai ne mai haƙorin? Wallahi hannunka da albarka! Ka san an nuna mana hoton mai giɓin? Ba mai saye. Mutane cewa suke ya fashe a hanya." Ya leƙa ƙarƙashin amalankensa ya zaro wani baƙin dunƙule da ya tokare taya da shi. "Ga shi, ya daɗe da mutuwa. Kyauta na ba ka, kai babban kwastoma ne. Amma fa wuri uku ake zubawa yanzu, har da wani a Damanhur."

Saura kwana tara muka je Anfushi. Ya sa kwat a cikin zafin nan. Muka hau da kwali huɗu har hawa na uku, shi biyu ni biyu. Madam Safinaz ta buɗe, doguwa, siririya, da yumɓu a gwiwar hannu. Ta dubi kwalayen, ta dube shi, ta matsa.

Ya faɗa mata komai a tsaye, da babansa, da kakin, da gwangwanin. Bai kira sunan Tanti Afaf ba, cewa ya yi "aka share baranda." Ya ajiye mataccen mazubin a tebur, da lamba bakwai na ainihi, da nasa na cikin hankici. Ta ɗauki na hankicin ta kai taga, ta sa gilashi, ta daɗe tana kallo.

"Haƙorin ya yi kyau, Usta."

"Madam..."

"Shi ne ya fi ƙona min rai. Ka san da cikakken baki na fara yinsa? Sati uku yana kan teburin nan kamar mai tallan man goge baki. Ranar da na sa allura na cire haƙorin nan, ranar ya zama mutum." Ta ajiye shi. "Shekaranjiya wata yarinya ta rubuto min, wai ta ga hoton nawa, ko zan iya gyara shi ya zama kamar na kasuwa."

"Zan ci gaba da kwashewa. Har Damanhur zan je. Zan rubuta a zaure da sunana cewa..."

"Ka je har ƙarshen duniya. Giɓin ne ba zai dawo ba."

Ta ɗauko littafin. Baƙi ne, ƙarami, da roba a ɗaure. Ni da bakina ba ya mutuwa a waya, sai na ji muryata ta fito kamar ta 'yar firamare.

"Madam, don Allah. Shekara goma sha ɗaya fa. Guda ɗaya ya zuba, don babansa. Ai ba sata ya yi ba."

Ta dube ni ta saman gilashi. "Ke ce mai jan layi?"

Na gyaɗa kai.

"Wancan watan kin ce ɓarawo, yau kin ce ba sata ba. Ki tsaya wuri ɗaya, 'yata." Ta juya gare shi, muryarta ta sauka. "Usta, da ka zo ka ce min babanka ne, da na zauna na yi maka shi da hannuna, da haƙorin, guda ɗaya a duniya, ko sisi ba zan karɓa ba. Tiram ɗaya ne tsakanina da kai. In na bar ka yau, gobe takwas ɗin can kowa zai tuno da babansa."

Shafi goma sha ɗaya ta buɗe, ɗaya bayan ɗaya, tana jan layi. Ba ta yi sauri ba. Shi yana tsaye yana bin alƙalamin da ido, leɓensa na motsi kamar mai ƙirga tasha. Da ta gama ta naɗe masa lamba bakwai da na hankicin ta miƙa masa. Kwalayen ta ce a sauka da su, ba ta son kyanwoyinta su gani.

A matakala ya zauna a kan kwali ɗaya. Na ce, "Ammu, ka yafe min." Ya ce, "Idonki na da kyau. Ni na koya miki kallo." Sannan ya ce in riƙe masa kwat ɗin, zafi yake ji.

Na goge hoton a ranar. Ba abin da ya gyara, kowa ya riga ya ajiye a wayarsa.

Ƙarshen wata aka raba tarago takwas. Da na farkonsu ya ɗora hoto, zaure ya yi tsit na kusan minti goma, abin da bai taɓa faruwa ba. Kowane hannu ya kama ƙarfen daidai, Mai Kifi, Soja, Ɗaliba ta jingina kai a kafaɗar Kwandasta, ashe tun shekarar farko matar nan ta auna komai. Can ƙasa sai ga saƙo: sallama, "Allah ya sanya albarka, aiki ya yi kyau," da cikakken sunansa. Ba wanda ya sa fuskar dariya.

Ya koma aiki. Likita ɗaya ya dawo, ɗaya bai dawo ba. Na je gidansu kwanan baya, Tanti Afaf ta kawo mana shayi, ta tsaya tana kallon kantarsa. Su goma sha ɗaya a jere, biyar nan shida can, fili a tsakiya, kowa da hannu a sama.

"Wagdi, ɗan ƙarfe ne fa da benci," ta ce. "Kai da kake haɗa wa mutum baki sukutum. Rabin yini ka yi musu su huta, hannunsu ya gaji."

"Haƙori ɗaya na ƙara mata, kin ga inda muka kwana."

"To ka sauke su mana, in ɗora rediyo."

Bai sauke su ba.

Har yanzu duk Juma'a yana zuwa kasuwa. Ya daina sayen Kwandasta, sun ma yi arha, yanzu har maƙalin makulli ake yi da su, ƙanana kamar babban yatsa, ba ido ba hanci, sai haƙori. Mutumin da shekara goma sha ɗaya bai taɓa shigar da jabun kowa gidansa don sha'awa ba, sai ya tsaya gaban mai buhun ya gaishe shi, ya tambayi gida, ya duba cajojin waya kamar zai saya, sannan ya rage murya.

"Taragon bai fito ba?"

Makon jiya ina tsaye a bayansa saurayin ya watsar da ɓawon gyaɗa ya ce, "Usta, ai sai wani cikin takwas ɗin nan ya yi irin taka. Ka san wani mai taushin zuciya a cikinsu?"

Usta Wagdi ya shiga lissafa su a ransa, na ga yatsunsa na motsi. Duk takwas ɗin ya san su. Biyar daga ciki shi ya koya musu yanka mazubi.

"Zan leƙo Juma'a," ya ce.